Fim ɗin da Aka Raba Kamar Gado

Asabar: Hajj Abdalla zuwa Sinja

Ana kiran assalatu na bar gida, don jirgin ƙasa na ƙarfe shida ba ya jiran kowa. Labari ne ya iso mana cewa sojoji sun karɓe ɗakin ajiyar finafinan majigi a Sinja, za su zuba kayan yaƙin Kudu. A cikin finafinan akwai wanda aka ɗauki tsofaffinmu na Abu Na'ama, waɗanda suka tako da ƙafa daga ƙasar Sakkwato. Marigayi mahaifina na ciki, yana tafe da sandarsa yana dariya. Inna ta ce ba abin da take roƙo kafin ta mutu sai ta sake ganin tafiyar nan tasa. Na taɓa aikin majigi, na san inda zan ari na'ura. Fim ɗin kawai nake nema.

A Sinnar na sauka daga jirgi na hau lori. Sau uku aka tsayar da mu a hanya, soja ya zazzage jakata har ƙullin kisra, gurasar dawar da Inna ta yi mini. Da la'asar muka shiga Sinja, na sauka gidan wani ɗan garinmu mai sayar da riɗi.

Lahadi: Sinja

Ƙarfe takwas ina ƙofar ofishin ɗakin ajiyar. Na tambayi akawu labarin finafinan, ko kai bai ɗaga ba.

"Ma'alesh, ya zol, sai haƙuri. An ƙone su bayan katanga."

Ya faɗa kamar mai maganar yayi. Na zagaya na ga tokar, raina ya yi baƙi ƙirin. Sai masinjan ofishin, Malam Ɗanjuma, ya ja ni gefe ya ce, "Naku na hid da shi cikin buhun dawa. Yana wurin Alhaji Bube, Abu Na'ama."

Litinin: Abu Na'ama

Awa uku a bayan lori, ina zaune kan buhunan gishiri. Alhaji Bube aminin mahaifina ne, ya sa aka yanka mini kaza. Ban iya ci ba sai da na tambaya. Ya ɗauko gwangwanin fim ɗin, na buɗe, dabino ne a ciki.

"Ɗana, kwantar da hankalinka," in ji shi. "Askar, sojan nan, na bin gidaje suna ɗibar duk abin da sunka gani cikin ƙarhe. Munka zamna munka ce in an amshe shi gaba ɗai, mun rasa duka. Sai munka raba, kowa shi riƙe ubanai."

Da almakashin tela suka yi aikin. Suna ɗaga fim ɗin ga rana, in an gane fuska a yanke, a auna da taƙi don kada a cuci wani gida. Inda tsofaffi biyu suke tare, sun tsaga ta tsakiya. Inda babu fuskar kowa, sun zubar.

Ya miƙo mini rabonmu a naɗe cikin ƙyalle mai ƙamshin turare, yana jiran in yaba. Taƙi ɗaya, ko ƙiftawar ido ba zai yi a majigi ba. Soja ya ƙone da gangan, namu sun yanka da kyakkyawar niyya, na rasa wa zan fi jin haushi. Na karɓa da hannu biyu, don ban iya ɗaga wa tsoho murya.

Talata: Gida

Bayan isha'i na iso Hajj Abdalla. Inna ta ɗaga guntun ga haske, ta daɗe tana ƙifta ido.

"Shi na? To sa shi shi yi tahiya in gani."

Na ce, "Inna, ba zai yi ba."

Ta naɗe shi, ta ce, "Allah shi saka ma Bube da alheri."

Na gode wa Allah da ya dawo da ni lafiya, na gode wa Malam Ɗanjuma. Godiyar Alhaji Bube kuwa, har yau ta ƙi fitowa daga bakina.