’Yar Tsanar da Hamadu Ya Kawo Mini Gida

Jama’a, wannan abu a kaina ya faru, wallahi ba ji na yi ba. Lokacin ina fawa a kasuwar Garwa, zamanin shugaban ƙasa na farko, ƙanen matata Hamadu kuma yana yagar tikiti a wani gidan silima. Har yau in na tuna shi raina sai ya ɓaci.

Wani Ba’indiye mai kantin yadi ne ya kawo musu fim daga kudancin ƙasarsu, ba irin na rawa da waƙa da muka saba ba, na wata ’yar tsana ne da ke tashi tana shaƙe mutane. Har da ’yar tsanar katako ya haɗo musu, suka kafa ta a bakin ƙofa don jan ’yan kallo. Da aka daina nuna fim ɗin, sai wannan sakarai ya ɗauko ta ya miƙa wa ’yata Dije, shekararta huɗu, bai gaya wa kowa inda ta fito ba.

Ba a yi mako ba Dije ta daina Hausa. Na dawo daga kwata da azahar na iske ta a gindin darbejiya, ’yar tsanar a cinyarta, tana zuba wani yare da sauri, ba Fulatanci ba, ba Faransanci ba, uwar na gefe tana kuka. In ta yi shiru sai ta karkata kai, kamar mai jiran amsa.

Na shaƙo wuyan Hamadu, na ce, “Kai, daga ina ka kwaso mini wannan masifa?” Wai, “Haba Yaya, abin wasa ne fa!” Abin wasa! Na sa shi gaba har kantin Ba’indiyen, Dije a kafaɗata. Tana buɗe baki mutumin ya saki almakashi. Ya ce Tamil ne, yaren garinsu, kuma irin na tsofaffin mata. Na ce me take faɗa? Ya ce cewa take, “Wa ya yanke mini gashi?”

Na koma gida na sa gatarin fawa na tsaga ’yar tsanar. La’ilaha illallahu! Cikinta cunkushe da gashin mutum, dogo, baƙi, jiƙe sharkaf da man kwakwa. Na ƙone shi, na watsa tokar a kogin Binuwai. Washegari kantin yadi a rufe, ba mu sake ganin mutumin ba.

Dije ta yi wata biyu ba ta ce uffan ba, kafin malamai su samo kanta. Yanzu tana da jikoki, amma duk ran da zazzaɓi ya kama ta, sai ta dafe kanta da hannu biyu tana wannan tambaya da wannan yare.

Don Allah, duk abin da ke da fuska da idanu, kada ku bari a miƙa wa ’ya’yanku sai kun san hannun da ya sassaƙa shi.