Sallamar Mai Gida a Kan Dutse

Har yau ban manta da ranar da Alhaji Isuhu na Maraɗi ya tafi yawon buɗe ido shi kaɗai ba, a daidai ranar da bizarsa ke ƙarewa. Ku sababbin da kuka shigo ofishin nan kun sha jin ana cewa "dokar Alhaji Isuhu" kuna dariya, ba ku san inda ta samo asali ba. To, ga yadda aka yi.

A lokacin ni ne jami'in kula da baƙi a kamfaninmu na aika kaya da ke unguwar Sanyuanli a nan Guangzhou, mataki ɗaya ƙasa da manaja. Aikina shi ne in ɗauko ɗan kasuwa daga filin jirgi, in kai shi masauki, in yi masa tafinta a kasuwannin Kanan da Baima, in tabbatar kayansa sun taru a sito har a loda kwantena a wuce da ita tashar jiragen ruwa ta Nansha. Tsakanin sayayya da lodi akwai kwanakin jira, kuma babu abin da ke lalata ɗan kasuwa kamar zama a otel. Sai ya fara ƙorafi a kan shinkafa, a kan na'urar sanyaya ɗaki, a kan ni. Shi ya sa muka ɓullo da abin da muke kira yawon jiran kaya. Mu yanka wa mutum tikitin jirgin ƙasa mai gudu, mu tura masa hoton motar da zai hau a can, mu ba shi katin ofis mai lambata da rubutun Sinanci, ya tafi ya ga tsofaffin garuruwa da kansa, ya dawo kafin dare. Ba ma bin kowa, domin ba mu da ma'aikatan da za su yi rakiya.

Inda aka fi zuwa shi ne wani tsohon gari da ke arewa da nan, mai ganuwa da ƙofofi da lunguna na daɓen dutse. Mutanenmu suna son sa, don yana tuna musu cikin birni. A bayansa akwai dutse, a kan dutsen kuma akwai gidan sufayen addinin Buda da ya daɗe ƙwarai. Ƙaramar bas ce ke hawa tana sauka, kuma ta ƙarshe tana barin saman ne bayan la'asar kaɗan.

Alhaji Isuhu dattijo ne, dogo, mai sayen yadi da takalma. Ya daɗe yana zuwa Guangzhou tun kafin in iya cewa nihaw, wato sannu da Sinanci. Wannan zuwan shi ne na ƙarshe, domin ya riga ya yanke zai miƙa wa babban ɗansa harkar. An loda kwantenarsa da wuri, jirgin samansa na dare ne, sai ya shigo ofis ana gobe zai tafi ya ce shi ma a yanka masa tikitin yawon.

Manajarmu ta lokacin, 'yar ƙasar ce da muke kira Madam, ta ce sam. Dalilinta mai ƙarfi ne, kuma bari in bayyana shi don waɗanda ba su sani ba. Bizar kasuwanci tana da adadin kwanakin zama. In ka wuce ko da ɗaya ne, ka shiga hannun hukuma: akwai tara, akwai tambayoyi, kuma abin yana zama a kan sunanka. Kamfanin da ya rubuta maka takardar gayyata shi ma za a neme shi, kuma a gaba ba lalle a karɓi gayyatarsa cikin sauƙi ba. Ga shi kuwa ɗan Alhaji da gayyatarmu yake shirin zuwa.

Na fassara masa duk wannan. Ya saurara har na gama, sannan ya ce, "Ɗana, gaya wa Madam, shekara da shekaru ina tahowa ƙasar ga, ban san komi ba sai kasuwa da otel. In jikokina sun ce mini, Baba, mi ka gani a Sin, in ce musu kwali?"

Madam ta dube ni. Ta ce to, amma ya hau jirgin farko na safe, ya kuma baro dutsen da azahar, kada ya jira bas ta ƙarshe. Alhaji ya ce lahiya lau. Fasfo yana aljihunsa tunda ba a shiga jirgin ƙasa sai da shi, akwatunansa kuma ni zan kai filin jirgi.

Da hantsi ya fara aiko mini da hotuna. Ƙofar gari, wata rijiya, wani tsoho mai saƙa tabarma, ƙofar gari kuma. Ya yi mini saƙon murya yana cewa ginin nan ginin masu hankali ne, sun san rana. Daga baya ya aiko da hoton matakalar da ke hawa gidan sufayen. Daga wannan ban sake jin ɗuriyarsa ba.

Da azahar ta wuce na kira, waya a kashe. Ban damu ba, na ɗauka salla yake. Na sake kira bayan na gama da wasu baƙi a Kanan, a kashe. La'asar ta yi, jirgin da ya kamata ya hau ya taso babu shi, domin tikitin yana nuna ba a shiga da shi ba. Madam ta fito daga ofishinta ta tsaya a kaina, kuma wanda ya yi aiki da ita ya san wannan ya fi faɗa ciwo. Na kira tashar bas ta garin, suka ce ba su lura da kowa ba. Gaskiya a lokacin tsoro ya kama ni, ba ma na bizar ba, na dattijo mai ciwon gwiwa a kan matakalar dutse.

Ana cikin haka wata lamba ta shigo. Muryar namiji ce, a natse. Ya ce shi ne mai karɓar baƙi a gidan sufaye, akwai wani tsoho baƙar fata zaune a bencin tsakar gida tun azahar, an kusa rufe ƙofa, bas ta ƙarshe ta tafi, shi kuwa ya ƙi tashi. Ya ce ba ya rigima, murmushi kawai yake yi, yana maimaita kalma ɗaya, lawban, wato mai gida. Sai yanzu da aka matsa masa ya ciro katin ofishinmu.

Na ce a ba shi wayar.

"Baba Alhaji, lafiya? Ina wayarka?"

"Lahiya lau, ɗana. Hoto ya cinye wutar. Ban so in dame ka ba, na san kana haɗa kaya."

"Baba, jirgin ƙasanka ya tafi. Me kake jira a nan?"

Sai ya ba ni labari, a tsanake kamar muna shan shayi. Da ya hau, ya gaji, azahar kuma ta yi. Ya nuna wa wannan sufin da hannu yana son ruwa da wurin salla. Mutumin ya kawo masa ruwa a roba, ya kai shi wani ɗakin baƙi da babu gunki a ciki, ya shimfiɗa masa tabarma, ya ja ƙofa. Da ya idar aka kawo masa shinkafa da ganye da shayi.

"To ka ji," in ji Alhaji. "Na sha ruwan gida, na ci abincin gida, na yi salla a ɗakin gida. In saɓa takalmi in tahi ban ga mai gidan ba? Wa ya haihe ni? Na ce su kira mini lawban, sai meyo, meyo, wai babu. Kai ka san mutanen ga, haka suke cewa a kasuwa, in ka zauna sai ya hito."

Abin da na fara yi shi ne abin da kowannenku zai yi. Na lissafa masa lokaci, na ambaci tara, na ambaci hukuma, na ambaci bizar ɗansa. Ya ce ya ji, kuma duk gaskiya ne, amma minti nawa ne gaisuwa? Mai gida ya leƙo kawai, ya ce masa shiyeshiye, wato na gode, ya kama hanya. Na gane cewa ko zan kwana ina magana, agogo ba zai ɗaga mutumin nan daga bencin ba. Na ce ya mayar wa sufin waya.

Na yi wa sufin bayani cewa a wurinmu baƙon da aka karrama ba ya barin gida sai ya yi sallama da mai gidan, in ba haka ba ya zama marar tarbiyya. Na roƙe shi, in babbansu yana kusa, ya taimaka ya fito ko na ɗan lokaci ne. Sai ya ce babban malaminsu ya rasu, ba a daɗe ba, har yanzu suna cikin kwanakin makoki, kuma ba a naɗa wani ba. Ya ce ya yi ta nuna wa tsohon hoton marigayin da ke zaure da fararen furanni kewaye da shi, tsohon yana gyaɗa kai yana nuna alamar e, shi nake jira.

Ba laifin Alhaji ba ne. A wurinmu gidan makoki daga nesa ake gane shi, tabarmi a ƙofar gida, maza a zazzaune. Shi furanni ya gani, ya ɗauka ado ne.

Da na gaya masa, sai da ya yi salati. Na ji muryarsa ta canza. Ya ce, "Ashe gidan rasuwa na shiga na ci abinci ban yi gaisuwa ba." Sannan ya ce in buɗe kunnena in fassara daidai, kada in rage masa magana don sauri. Aka sa wayar a tsakaninsu. Ya tambayi sunan marigayin. Ya tambayi ko ya yi jinya. Ya ce shi ma ya binne mahaifi, ya san yadda gida ke zama in babba ya tafi. Ya ce Allah ya ba su haƙuri, ya haɗa kansu. Ni ina fassarawa, Madam tana nuna mini agogon bango da yatsa. Ban rage ko kalma ɗaya ba, don na san in ya ji fassarar ta yi gajarta sake farawa zai yi.

Da ya gama, sufin ya amsa da godiya. Ya ce tun da aka yi rasuwar baƙi na ta shigowa suna ɗaukar hoto, wannan ne na farko daga waje da ya tambayi sunan malaminsu. Sannan ya tambaye ni ƙarfe nawa ne jirgin ƙasa na gaba. Na gaya masa, na ce shi ne na ƙarshe da zai yi mana amfani. Ya ce in canza tikitin, sauran nasa ne.

A motar da suke ɗauko kayan miya daga kasuwa ya sauko da shi, shi da kansa yake tuƙi, har bakin tasha. Daga can ya sake kirana ya ce tsohon ya fito amma yana ƙoƙarin rako shi zuwa mota. A nan ne kawai na ɗaga wa Alhaji murya a duk zamanmu, kuma na ba shi haƙuri daga baya.

Na tare shi a tashar Guangzhou bayan magariba, muka wuce filin jirgi kai tsaye, akwatunan suna bayan mota. Ya ajiye kaya ana dab da rufe kanta, rigarsa tana warin albasa. Da aka buga masa hatimin fita na aika wa Madam saƙo, ta amsa da kalma ɗaya. Kafin ya shige ya riƙe hannuna ya ce yanzu yana da abin da zai gaya wa jikoki.

Daga ranar aka kafa dokar. Duk dattijon da zai tafi yawon nan shi kaɗai, muna ba shi batirin cajin waya, muna kiran sa da azahar, kuma a lissafin dawowarsa muna ƙara lokacin gaisuwa kamar yadda muke ƙara na cunkoson hanya. Abin da na koya shi ne, ɗan kasuwarmu zai yarda ya yi asarar jirgi kafin ya yarda a ce bai san ya kamata ba. In ka ga ya kafe, kada ka karanta masa agogo. Nemo wanda yake ganin bai sallama ba, ka haɗa su, zai tashi da kansa.

Alhaji Isuhu bai sake zuwa ba. Ɗansa ne ke zuwa yanzu, kun san shi. Karon farko kilishi uban ya so ya aiko wa mutanen dutse, sai da na yi bayani ta waya cewa ba sa cin nama, kuma ba a shigowa da shi. Tun daga nan dabino yake aikowa. Wannan ledar da ke kan kabad, wadda na hana ku taɓawa tun shekaranjiya, tasu ce. Ranar Asabar ɗayanku zai hau jirgin farko ya kai, kuma kada ya ajiye a ƙofa ya juyo. Ya nemi mai karɓar baƙi, ya ce Alhaji yana gaishe shi, yana tambayar ya ƙarin haƙuri.