Yarinyar da Ba a Taɓa Ce wa Kada Ba

Da damina Kaka Dije ta fi yin tatsuniya. A sauran gidajen ƙauyenmu, can kudu da Zariya, sai an gama girbi ake shimfiɗa tabarmi a tsakar gida. Ita kuwa ta fi son lokacin da ruwa ya tsare kowa. Da an idar da sallar isha'i, ta ga hadari ya haɗo, sai ta kora mu cikin madafarta, wata 'yar bukka da hayaƙi ya mayar da jinkarta baƙi ƙirin. Ta tona garwashin da aka gama tuwo da shi, ta jera ɗanyar masara a gefe, mu jikoki mu cunkushe muna ture juna. Ruwa na zuba a waje, masara na fashewa a wuta, ita tana juya ta da yatsu kamar ba ta jin zafi.

Ba ta buɗe tatsuniya yadda sauran tsofaffi ke buɗewa. Cewa take yi, "To, ga ta nan tafe. Mai tsoro ya matso kusa da wuta, amma ba mai fita."

Mu ce, "Ta iso, muna nan."

Tatsuniyoyinta ba su da sassauci. A bakinta mutum yakan mutu ya zauna a mace. Wadda ta fi zama mini a rai ita ce ta Ayashe.

Wai wata mata ce duk ɗan da ta haifa sai ya koma. Da ta sami mace ta tsaya, sai ta sa mata Ayashe, ta ɗora mata duk son da ta tara. Ta bi gari gida gida tana kuka tana roƙo: kada kowa ya yi wa 'yarta tsawa, kada a ambaci mutuwa ko maciji ko yunwa a gabanta, kuma kada wanda ya kuskura ya ce mata "kada". Mutane suka tausaya mata suka yarda. Har mai gari ya sa aka yi shela.

Ayashe ta tashi ba ta taɓa jin kalma mai ɗaci ba. In ta nufi wuta, sai a kashe wutar. In ta ɗauki wuƙa, sai a miƙa mata alewa a karɓe wuƙar ana murmushi. Ta zama budurwa kyakkyawa, ba muguwa ba ce kuma, ba ta dai san komai ba.

Rannan ta bi mata rafi. Tana wasa da ƙafa a ruwa, sai ga wani abu kamar gungume yana matsowa. Matan duka sun gan shi, sun kuma san ko mene ne. Amma sunansa shi ne kalmar da aka hana. Suka kalli juna, kowace tana jiran wata ta fara. Sai wata tsohuwa mai wankau ta yar da zanen da ke hannunta ta kurma ihu: "Kada! Ayashe, kada! Gudu!"

A nan Kaka takan tsaya ta dube mu ɗaya bayan ɗaya. "Kun san abin da ta yi? Ba ta gudu ba. Zama ta yi daɓas a cikin ruwa ta fashe da kuka, wai an yi mata tsawa."

Kada ya tafi da ƙafarta ɗaya. Da aka kai ta gida, uwar ba ta nemi maharba su bi kada ba. Wurin mai gari ta tafi ta kai ƙarar tsohuwa, wai ita ta firgita mata 'ya. Aka kori tsohuwa daga garin.

"Nan ta tsaya," in ji Kaka. "Wanda bai ji daɗinta ba ya je ya yi tasa."

Ranar da na fara jin ta, ƙanena Sani ya yi ta kuka har Umma ta ratso ruwa ta shigo. Ta ɗauke shi, ta durƙusa a bakin ƙofa, ta ce a hankali, "Iya, da kin ɗan sassauta musu. Yara ne. Ko ƙafar ce ki bar mata."

Kaka ta juya wurin Umma. Sannan ta nuna mata ni da sandar tona wuta. "Hanne, kin ga wannan? Uwata ba ta fi ta tsawo ba aka ɗauke ta. Manyan garinsu sun san mahara na yawo a ƙasar, suka ɓoye wa yara don kada su firgita. Ta je ɗiban ruwa, ta ga mutane a kan dawaki, ta tsaya tana kallo. A kasuwa aka sayar da ita, kuma da Hausa aka yi cinikin, irin wannan da muke yi. Har ta mutu ba ta sake ganin uwarta ba. Ni ba zan yi wa jikokina irin wannan ƙaunar ba."

Umma ta fita da Sani. Ni kuwa ban fahimci rabin abin da aka faɗa ba, amma ya shiga.

Yanzu a garin Germantown na Amurka nake zaune da maigidana da yaranmu, ina koyar da tarihin Afirka ta Yamma a wata jami'a a yankin Washington. A kowace shekara akwai makon da nake ware wa bauta a cikin Afirka kanta: waɗanda suka kai hari, waɗanda suka sayar, waɗanda suka riƙe bayi a gidajensu. Ina kawo abin da masana suka rubuta, a ƙarshe in ba da labarin uwar Kaka Dije. Ba na ƙara masa gishiri, ba na rage masa.

Bara, bayan wannan darasin, shugaban sashenmu ya kira ni ofishinsa. Mutumin kirki ne mai taushin murya, har shayi ya zuba mini. Da Turanci muka yi maganar.

"Ba wanda ya ce kin faɗi ƙarya," in ji shi. "Amma wasu ɗalibai sun kawo koke. Sun ce tun daga ranar ba sa jin suna cikin aminci a ajinki."

Na ce, "Wani ya taɓa su ne?"

"Kalmomi ma suna yin rauni."

"Na sani. Ni aka fara gaya wa su, ina ƙaramar yarinya."

Ya ce abin da ake so kaɗan ne: in ba da haƙuri a gaban aji, in mayar da darasin na ganin dama, wanda ba ya so ya zauna a ɗakinsa. Da na miƙe zan fita, ya tuna mini, cikin ladabi, cewa kwantiragina shekara-shekara ake sabunta shi.

Ba zan ce ban ji tsoro ba. Ina cikin cunkoson motoci a kan babbar hanya mai lamba 270 da yammar nan, na tsara kalmomin ban haƙurin a raina tsaf. Da na zo inda zan ce na yi kuskure da na ba da labarin, sai bakina ya ƙi. Uwar Kaka Dije an ƙwace mata gari, an ƙwace mata yare, an canja mata suna. Labarinta kaɗai ya rage, shi ma kuma ni ce zan nemi gafara a kansa? Washegari na gaya wa shugaban sashe ba zan yi ba.

Wadda ta jagoranci koken ita ta kawo kanta ofishina. Zainab, iyayenta mutanen Kano ne mazauna Wheaton kusa da mu, a nan Amurka aka haife ta. Tana jin Hausa sarai, da Turanci take mayarwa. Ta ɗan rusuna ta ce, "Ina wuni, Anti," daga nan Hausarta ta ƙare.

Ta ce bayan darasin wani ɗan ajinsu, Bature, ya tare ta a gaban mutane yana dariya, ya ce ashe ku kuka sayar da junanku, to a daina damun mu. Ta shiga banɗaki ta yi ta kuka.

"Ke kika ba shi makamin, Anti," ta ce, idonta jawur. "Ba ki san yadda ake ji ba. Ke a can kika girma, inda kowa irinki ne. Ni tun ina firamare nake kare kaina."

Na ce, "Wannan gaskiya ne, 'yata. Ban san shi yadda kika san shi ba. Yaron kuma ya yi miki rashin mutunci. Amma gaya mini, in na cire darasin, abin da ya faru zai fasa faruwa? Zai je ya ji shi a bakin mutanen da ba sa ƙaunarki, ya zo miki da shi a wurin aiki, ranar da babu ni, babu ofishin kai ƙara. Ranar wa za ki kira?"

"To me zan ce masa?"

"Akwai amsa. Ba zan sa miki ita a baki ba." Na ciro littattafai daga kanta na tura mata. "Mako mai zuwa zan buɗe muhawara a aji. Zai yi magana, ba wanda zai hana shi. Ke ma haka."

Ta kwashi littattafan ta fita ba sallama.

Ranar muhawarar, da yaron ya fara, wasu suka hau buga tebur don kada a ji shi. Na ce sai ya gama. Wasu suka kwashi jakunkunansu suka fice, ban tare su ba. Ya faɗi abin da zai faɗa, wannan karon ba dariya, don yanzu kowa na kallonsa.

Sai Zainab ta miƙe. Muryarta na rawa. Ta ce, "E, mutanen ƙasar iyayena sun kama mutane sun sayar. Na karanta, ya yi mini zafi, na kuma ɗauka. Amma laifin mai sayarwa bai wanke mai saye ba. Wa ya ƙera jiragen? Wa ya rubuta a doka cewa launin fata ya isa a gaji bauta? Ni na ɗauki nawa kason. Kai ka ɗauki naka, ko kuwa nawa kake nema ka ɓuya a bayansa?"

Ya mayar mata, ta mayar masa. Wasu suka shiga. Lokaci ya ƙare ba wanda ya duba agogo. Ba zan ce ta sauya masa ra'ayi ba, ban sani ba. Na dai ga ta fita da ƙafarta, ba ta nufi banɗaki ba.

Zainab ba ta janye kokenta ba. Har yau tana ganin ya kamata in shirya su kafin in jefa musu abu mai nauyi haka, kuma na yarda da ita a rabin wannan: yanzu ina faɗa tun farkon zango cewa makon yana tafe. In mun haɗu a shagon kayan miya a Wheaton takan gaishe ni, mu ɗan taɓa gardama. Kos ɗin kuwa an ba wa wani. Gyaran jadawali, aka ce. Ni aka bar ni da 'yan shekarar farko.

Ina yarinya na ɗauka tatsuniyar a kan wautar Ayashe take. Da na haihu na koma ganin ta uwar ce, don na san yadda mutum ke so ya tsaya tsakanin ɗansa da duk wani abu mai kaifi. Yanzu matan bakin rafin nan nake tunani. Ba mugaye ba ne. Masu tausayi ne, masu bin doka, kowace tana gudun a ce ita ce marar kirki. Na zauna a taron malamai da irinsu da yawa. Wasu sun same ni a ɓoye sun ce gaskiyata ce, a cikin taro kuwa suka sunkuyar da kai.

Ba na raina hawayen ɗalibaina. Yaran nan suna ɗauke da abubuwan da ni ban ɗauka ba a shekarunsu. Abin da na ƙi shi ne a ce musu ba za su iya ba, a koya musu cewa duk maganar da ta sa su kuka hari ce, kuma mafita ita ce a nemo wani babba ya rufe bakin mai yin ta. Wannan raini ne, ko da an yi shi da murya mai laushi. Na ga yarinya tana rawar jiki ta tsaya ta kare kanta da hujja. Ba wanda zai sake gaya mini cewa gilashi ce.

Manhajar 'yan shekarar farko ta ba ni mako guda a kan Afirka ta Yamma. Na sa darasin a ciki, har da labarin uwar Kaka Dije. Ranar Talata zan shiga aji in koyar da shi. Na riga na je na gaya wa shugaban sashe da bakina, don kada ya ji a wurin wani.