Numfashin Mutanen Kurunzu

Ranar wata Laraba da la'asar, a daminar farko bayan an gama yaƙin basasa mun koma Fatakwal, Yaya Hajara ta ja ni ɗakin ajiya, bayan buhunan albasar Baba, ta ce in zauna in kama bakina za ta nuna min yadda mutanen Kurunzu ke numfashi. Ruwa na dukan kwano kamar ana watsa tsakuwa, ɗakin ajiyar sai warin albasa da danshi. Shekarata takwas, ita sha biyu, kuma duk abin da ya fito daga bakinta a wurina yankan wuƙa ne.

Da muka dawo mun tarar wasu sun shige ɗakinmu na da, sai muka samu wani a ƙarshen gidan haya, daf da kwata, bangonsa kullum a jiƙe. Wannan ɗakin ne ya tayar wa Yaya da fukarta. Ba ta tsallen igiya, ba ta ɗauko ruwa a famfo, ko hayaƙin murhun Inna ta shaƙa sai ƙirjinta ya kama fito. Ni ce shara, ni ce wanke-wanke, ni ce kai wa Baba abinci kasuwa, ina yi ina mita, don Allah ya sani baki gare ni. Ita kuwa tana zaune a kan tabarma tana gina gari a cikin kanta.

Kurunzu, in ji ta, birni ne a ƙarƙashin teku, daidai inda jiragen ruwa ke tsayawa. Can babu iska, saboda haka duk jaririn da aka haifa sai a ba shi gora guda ta numfashi, ita zai yi ta lallaɓawa iyakar rayuwarsa. Shi ya sa kowace safiya mutanen garin ke zama a da'ira, gwiwa na taɓa gwiwa. Mutum zai ja numfashi ta hanci, ya riƙe har ya ƙirga bakwai a zuci, sannan ya hura a tafin hannun na kusa da shi, shi kuma ya shaƙe. Mai yawa ya rage wa mai kaɗan, ba wanda gorarsa ke ƙarewa. Dokarsu ɗaya ce, ba a magana sai an zagaya sau bakwai. "Wanda ya buɗe baki ya zubar da na kowa," haka take cewa.

Muka jawo Nkechi, 'yar maƙwabtanmu, don mutum biyu ba sa yin da'ira. Kullum na taso daga makarantar allo sai mu shige bayan buhuna. Abin da ya cuce ni shi ne wasan yana ci. In ƙirjinta ya fara ɗan fito, muka zauna muka yi, sai ka ga ya lafa. Yanzu na san zaman ne kawai da natsuwa. A lokacin kuwa ko Alƙur'ani aka ba ni zan dafa in ce numfashina ne ke shiga jikinta.

Bayan kamar shekara guda, ran wata Asabar da hantsi, babban tashin fukar ya zo. An sauke sabuwar albasa, ƙura ta cika ɗakin ajiyar. Yaya ta dafe buhu, kafaɗunta na hawa suna sauka, leɓenta ya soma sauya launi. Inna na bayan bango tana wanki, har ƙarar bokitinta ina ji. Maimakon in kira ta, sai na buɗe tafin hannun Yaya, na yi wa Nkechi nuni ta zauna. Na ja, na ƙirga, na hura. Da aka zo kan Yaya ta kasa, na yi mata nata. Zagaye ɗaya, biyu, uku, ban tsallake ƙirge ko ɗaya ba. Yaya ta zuba min ido tana motsa baki, tana son faɗin wani abu, ni kuwa na ɗora yatsa a leɓena. A na huɗu ne Nkechi ta zabura ta fita da gudu tana kiran Inna.

Inna ta saɓe ta a kafaɗa, ko mayafi babu, ta tare tasi. Lokacin kuɗin mai ya cika garin da tankoki da tireloli, su Inna suka maƙale a gosulo. Kafin su kai asibiti Allah ya karɓi abinsa.

Na yi shekaru ina gaba da Nkechi, a ganina ita ta zubar da numfashin saura zagaye uku. Har suka tashi daga gidan ban ƙara amsa gaisuwarta ba. Sai da na yi hankali na gane a cikinmu ita kaɗai ta yi abin da ya kamata, ga shi ban san inda zan same ta in nemi gafara ba. Inna kuma har ta rasu ba ta san tsawon zaman da muka yi a bayan buhunan nan ba. Takan ce kwana ne ya ƙare. Na yarda da haka, amma yardar ba ta taɓa sauke min nauyin ba.

Yau jikata ma tana da fuka. Akwai ɗan abin fesawa a jakar makarantarta, ta fesa sau biyu a baki ta koma wasanta, ba da'ira, ba ƙirge. Nakan bi ta da kallo. Har yau ban san abin da Yaya ta so ta faɗa min ba, kuma ni na hana ta.