Littafin Lissafin Lester Dubicki

Lester Dubicki ya shiga ajina a Toledo yana ɗan shekara goma sha ɗaya, kuma ban taɓa koyar da malalaci irinsa ba. Wata rana na ƙwace littafin lissafinsa, na tarar ya cika shi da zanen wata mayya mai dogon hanci da tabarau irin nawa. Na rubuta kwanan wata da jan alƙalami, na kulle littafin.

Da ya girma ya shiga sana'ar littattafan labarai masu zane. A wannan sana'a wani ne ke zanawa da fensir, wani kuma ya bi sawunsa da tawada. Shekara talatin Lester yana bin fensirin wasu, kamar yadda yake kwafar amsa a ajina. Mayyar nan, da ya ci gaba da zanawa har ta shiga littattafan kamfanin da yake wa aiki, ita ce kaɗai tasa, ita ce kuma ta yi suna.

Bara ya zo gidana da furfurarsa. Kamfanin da ya sallame shi yana iƙirarin cewa mayyar tasu ce.

"Malama Hargrove, littafin nan ne kaɗai shaidata," in ji shi. "Yana nan?"

"Yana nan. Wa ka zana?"

Ya sunkuyar da kai. "Ke ce, Malama."

"Maimaita, ban ji ba."

Ya maimaita da ƙarfi. Na ɗauko littafin na miƙa masa, domin ban yarda kamfani ya mallaki hancina ba. Ban ce masa ya zauna ba.