Ranar da Muka Hana Baba Magana

Har yau in na buɗe akwati ƙamshin kafur ya buge ni, sai gabana ya faɗi. Babbar rigar aro nake tunawa, wadda muka sa wa Baba ranar da masu ɗaukar fim suka zo gidanmu a Zurmi.

Shekara shida Baba ya yi a Libiya yana leburancin gini. Ya dawo da rediyo da bargo biyu, amma bakinsa ya mutu. Mutumin da in yana dariya har maƙwabta sai sun leƙo, ya koma sai an yi masa magana sau uku. A majalisa kuwa tsokanarsa ake: "Balaraben Zurmi, ina tsaraba?" Sai ya yi yaƙe ya tashi. Ni lokacin shekarata sha biyu, haushinsa nake ji, na ɗauka girman kai ya koyo.

Lokacin kaka ne, an gama yankan gero, tsakar gida duk ƙaiƙayi. Wani direba daga Ƙaura ya kawo saƙo, wai wasu baƙi na neman waɗanda suka zauna a Libiya, su faɗi yadda ake yi wa baƙar fata. Baba ya ce su zo. Na ji yana ce wa Inna, "Abin ya ishe ni riƙo. Gara in hwaɗa ma wanda bai san ni ba."

To, mu kuma sai muka mai da abin biki. Kakata, mahaifiyarsa, ta ce ɗanta ba ya shiga hoto da tsumma, aka aro riga, aka yanka zakara. Ni ce, kaico, na bi unguwa gida-gida ina shela. Kafin baƙin su gama kafa na'urarsu a gindin darbejiya, surukansa sun cika tabarma, 'yan majalisa na tsaye, Kaka ta zauna dab da shi tana yi masa fifita.

Don Allah, wane Bazamfare ne zai buɗe baki ya ce an wulaƙanta shi, a gaban uwarsa da surukansa? Tafinta ya yi tambaya. Baba ya dubi taron, ya sunkuyar da kai.

"Lahiya lau munka zamna da su," in ji shi. "Mutanen kirki na."

Jama'a suka ce madalla. Baƙin suka ci zakara, suka naɗe kayansu suka wuce Shinkafi.

Sai da na yi aure na haihu sannan na ga fim ɗin a waya. Kowane mutum shi kaɗai ne a ɗaki, yana faɗin yadda yara suka jefe shi, yadda aka kira shi bawa. Wani dattijo har da hawaye. Babu Baba a ciki. Da ya rasu, baffana da ya yi masa wanka ya fito ya kasa cin abinci. Abin da ya iya ce mini kawai shi ne, "Bayanshi duk tabon bulala."

Yanzu kowane yaro na da wayar ɗaukar hoto a aljihu, gonakinmu kuma ba sa shiguwa saboda 'yan bindiga. Bana babban ɗana ya ce zai bi ta Agadas ya tafi Libiya. Na zaunar da shi, na gaya masa abin da baffa ya gani, ina kuka.

"Umma," ya ce, "wa ya ji daga bakinshi?"

Ranar Laraba ya hau mota.