Tirit da Jan Biro

Na fara aikin akawu a Anka bayan na gama makaranta na zauna a gidanmu a Gummi damina biyu ba abin yi. Ofishin ɗaki huɗu ne a jere, da baranda da bishiyar dogonyaro a gaba. Aikinsa ya shafi lafiyar ƙauyuka, kamar rijiyoyi da rigakafi da tsaftar kasuwa, amma ba asibiti ba ne, ko ƙwayar ciwon kai ba ma ajiyewa. Ni aka ba teburin karɓar takardu. Duk wasiƙar da ta shigo sai in buga mata hatimi, in sa kwanan wata, in kai wa shugaban ofishin. Idan ta fito daga wurinsa akan sami ɗan rubutu a gefen hagu da jan biro, kuma sau da yawa kalma ɗaya ce ta Turanci, treat, wadda mu muke kira tirit.

Na san kalmar tun a makaranta. Malaminmu na Turanci ya koya mana cewa likita ne ke yin ta, wato yi wa mara lafiya magani. Takardun farko da suka bi ta hannuna ba su ba ni dalilin shakka ba. Ɗaya a kan rijiyar da ruwanta ya canza launi ce, na ce to, a zuba mata magani. Wata a kan masai na kasuwa da ke wari, na ce nan ma magani ne. Da na ga kalmar a kan takardar neman kujeru na ɗan tsaya, amma sabon ma'aikaci ba ya son a ga gejinsa, sai na ce wa kaina ƙila gara ce ta ci kujerun.

A mako na uku wani manomi ya zo da wasiƙa. Zai kai shekara hamsin, dogo, da rawani da ya sha rana, daga wata 'yar tunga da ke bayan Sunke. Malamin firamare na yankinsu ne ya rubuta masa ita da Turanci mai tsabta. A lokacin maganar gubar dalma ta riga ta zama sananniya a ƙasar Anka. Kowa ya san dutsen da ake niƙawa a nemi zinare ne ke fitar da ƙurar da ke kashe yara, kuma an bi ƙauyuka da dama an kankare ƙasar gidaje an zuba sabuwa. Wasiƙar ta ce ƙanen mutumin ya daɗe yana kawo dutsen cikin gida, mata suna daka shi a turmi. Ta ce lokacin da masu kankare ƙasa suka zo Sunke rafi ya cika, ba su ƙetara zuwa tungar ba. Yanzu yaran gidan ba sa cin abinci, suna kukan ciki, ƙaramar cikinsu ta shiɗe har sau biyu. Yana roƙon a zo a duba.

Bai tafi ba. Ya cire takalmansa ya zauna a baranda har takardar ta fito daga ɗakin shugaba, wajen azahar. Da ya gan ta a hannuna ya taso.

"Malam, mi anka rubuta?"

Na duba gefen hagu. Akwai wasu haruffa uku da ban kula da su ba, sai kalmar a ƙarƙashinsu.

"An ce a yi magani, Baba."

"Ga ɗiyan?"

"To ga wa kuma?"

"Alhamdu lillahi. Yaushe?"

"Ba a sa rana ba."

Ya yi lissafi da yatsu. "To ni in sa. Litinin muna nan tahe, in Allah ya so."

Na ce Allah ya kai mu. Na sa takardar a durowa, a zatona shugaba ya riga ya sanar da masu maganin, tawa kawai ajiya ce.

Ranar Litinin da hantsi babura biyu suka tsaya a gindin dogonyaro. Manomin ya sauko da yara biyu, matar ƙanensa ta sauko da ɗaya a gaba, ɗaya a goye. Suka shimfiɗa tabarma suka zauna kamar masu jiran layi. Shugaba ba ya nan, ya tafi taro Gusau tun asuba.

Babban akawunmu dattijo ne ɗan garin, saura kaɗan ya yi ritaya, tabaraunsa ɗaure da zare a gefe ɗaya. Ya leƙa ta taga, ya fita ya gaisa da su, ya dawo ya tsaya a kan teburina.

"Kai ka ce musu su taho?"

"Shugaba ne ya rubuta a yi musu magani, Baba."

"Ɗauko in gani."

Na ɗauko. Ya riƙe ta nesa da fuskarsa, ya karanta, ya ajiye.

"Yaro, wagga kalma ba ga mutane taka faɗi ba, ga takarda taka faɗi. Takarda aka yi ma tirit. Ka karanta ta, ka san inda ta dosa, ka buɗe mata fayil, ka miƙa ga wanda ta shafa. Ka ga waɗanga haruffa? Muƙamin Sista na. Gare ta ya kamata ka kai tun ran Alhamis."

Bai ɗaga murya ba. Ya ce in tashi in kai mata, in kuma faɗa mata da bakina abin da na yi.

Sista ita ce jami'ar lafiya ta ofishin. Kirista ce daga wata jiha ta tsakiyar ƙasa, ta fi shekara ashirin a Zamfara, tana Hausa irin ta garinsu da 'yar tamu a ciki. Ita ke hawa babur da akwatin sanyi ta bi ƙauyuka rigakafi, saboda haka babu tungar da ba a san ta ba. Na same ta tana cike wani fom. Na yi bayani a tsaye. Ta karanta wasiƙar har ƙasa, ta fita.

Ta durƙusa a kan tabarmar ta gaida matar, ta sa aka kwance goyon. Ta ja fatar idon yarinyar, ta buɗe bakinta ta duba dasashi, ta tambayi yaushe ta shiɗe na ƙarshe, da ko turmin dakan dutsen shi ne na dakan hatsi. Matar ta sunkuyar da kai ta ce wani lokaci. Sista ta miƙe ta kira direban ofis ta ce ya fito da mota.

Direban ya ce motar ba ta motsi sai da izinin shugaba, kuma makulli yana wurin babban akawu. Muka koma ciki mu uku. Sista ta ajiye takardar a gaban dattijon ta ɗora yatsa a kan jan rubutun.

"Ga izini nan. Da sunan muƙamina, ya ce in yi tirit."

"Sista, kin san abin da shika nuhi."

"Na san abin da ya rubuta, Baba. Ni ma'aikaciyar lafiya ce. In aka ce mini tirit, abu ɗaya aka koya mini."

Dattijon ya cire tabarau ya goge da bakin rigarsa, ya daɗe yana gogewa. Sannan ya jawo durowa ya fito da makullin ya ajiye a kan tebur, bai miƙa wa kowa ba, ya ci gaba da aikinsa. Direba ya ɗauka.

Sista ta juyo gare ni. "Kai ka gayyato su, kai za ka riƙe yarinya."

Haka na shiga bayan mota da ƙaramar a cinyata. Ba za ta wuce shekara uku ba. Ba ta da nauyi, sai kanta da ke ta faɗowa kan ƙirjina duk lokacin da muka faɗa rami. Ba ta yi kuka ba, ba ta kuma dube ni ba. Tafiyar ba nisa, asibitin yana cikin gari, kuma akwai sashen da aka ware wa yaran dalma. Sista ta shiga gaba, ta yi magana da waɗanda ta sani, aka ɗebi jinin yaran huɗu. Muka zauna a benci har la'asar. Sakamako ya nuna dukkansu suna da gubar, amma biyu ta yi musu yawa, ƙaramar da wani yayanta ɗan shekara biyar. Aka ba su gado, uwar ta zauna da su. Sauran biyun aka ce a koma da su, amma kada su sake kwana a gidan nan, a kai su wurin dangi, a raba turmi, a riƙa wanke musu hannu kafin su ci abinci.

A bakin ƙofar asibitin manomin ya kama hannuna da hannu biyu.

"Malam, yadda ka ce haka anka yi. Allah shi yi ma albarka."

Na ce amin. Ban gyara masa ba, ban kuma san ta inda zan fara ba.

Washegari shugaba ya dawo. Babban akawu ya shiga da takardar, ya bar ƙofa a buɗe, ina jiyo su. Ya faɗi komai yadda ya faru, bai ƙara ba bai rage ba. Shugaba ya karɓi wasiƙar ya karanta, kuma daga daɗewar da ya yi na gane wancan karon kanunta kawai ya duba. Ya sa hannu a takardar fitar mota da kwanan watan jiya. Ya sa aka buga wasiƙa zuwa ga masu kankare ƙasa, da sunan tungar da kwatancen hanya. Sannan ya sa aka kira ni. Na shiga ina jiran takardar tuhuma.

"Kai ne ɗan Gummi?"

"Ni ne, ranka shi daɗe."

"In ba ka gane abu ba, ka tambaya. Je ka."

Daga ranar na koma ɗalibin babban akawu, shi kuwa ya ji daɗin samun mai saurare. Ya nuna mini cewa kalmar ba nauyi ɗaya take da shi ba kullum. Idan ita kaɗai ce, ana nufin ka bi da takardar yadda aka saba, ba mai tambayarka yau ko gobe. Idan an ja mata layi biyu a ƙasa, to wani babba ya yi waya, ka ajiye abin da kake yi. Idan an haɗa ta da cewa ka dawo da bayani, shugaba yana son ya ji ƙarshen zancen da kansa. Ya ce akwai kuma wadda ake rubutawa don kawai takarda ta bar tebur, mai rubutun ya sauke kaya daga kansa ya ɗora wa na ƙasa da shi, na ƙasan ma ya rubuta wa na ƙasansa, har ta isa ga wanda ba shi da jan biro. Ya ce a shekarunsa na aiki ya ga takardun da aka yi wa tirit sau biyar ba wanda ya taɓa zuwa ya ga abin da suke magana a kai.

Sauran ma'anonin a bakin Sista na tsince su. Ranar da ɗanta ya ci jarrabawa ta aika aka sayo wa ofishin tsire da lemo, ta ce yau ita ke yi mana tirit. Wata rana kuma tana faɗa da wani ma'aikacin asibiti a waya saboda ya daka wa wata 'yar ƙauye tsawa, na ji ta sa kalmar a inda mu za mu ce yadda ka riƙi mutum, ko yadda ka yi masa. Da na koma aiki Bukkuyum bayan wasu shekaru na tarar malaman gona ma suna da tasu, ta gauraya iri da magani kafin shuka. A can ne aka fara ba ni jan biro, kuma ba zan ce ban taɓa rubuta ta don takarda ta bar teburina ba.

Masu kankare ƙasa sun isa tungar da rani, bayan rafin ya janye. Yaron ɗan shekara biyar ya warke sarai. Ƙaramar ta rayu, an sallame ta an sake mayar da ita sau biyu, amma bakinta ya yi nauyi, kuma ba ta riƙe abin da aka faɗa mata kamar sauran yara. Sista ta ce abin da dalma ta ci ba duka yake dawowa ba, kuma ba wanda zai iya cewa ko kwana huɗun da takardar ta yi a durowata sun ƙara wani abu. Ni na tambaye ta, ita kuma iyakar amsar da ta ba ni ke nan.

Da kaka manomin ya sake zuwa, da zabbi biyu ɗaure a bayan babur. Ya ce na mai gidan ne, wanda ya ba da umarni a yi wa ɗiyansa magani. Na shigar da shi. Shugaba ya miƙe ya gaisa da shi, ya tambayi jikin yara, ya karɓi zabbin ya yi godiya. Bayan mutumin ya tafi ya ce in kai wa Sista ɗaya, ɗayar kuma a sa masa a mota.